Yadda ɗan ƙaramin dutse ke riƙe da agogon duniya

A cikin kowane agogon hannu mai aiki da batir akwai wani ɗan siririn dutse da bai kai ƙwayar shinkafa girma ba, a rufe cikin ɗan bututun ƙarfe. Muddin batirin na da rai, dutsen yana karkarwa sau 32,768 a kowane sakan, kuma wannan karkarwar ce agogon ke ƙirgawa har ta zama lokacin da mutum ke dubawa kafin ya fita aiki ko ya nufi filin jirgi. 'Yan'uwan wannan dutse suna cikin wayar salula da rediyo da kwamfuta da mota da na'urar cirar kuɗi ta banki. Duk ranar da suka daina karkarwa, na'urorin ma sun tsaya cik.

Marubuta labaran ƙage da masu shirya wasannin kwamfuta sukan ƙaga wata makaranta a kan tsauni, inda shehunai ke zaune suna nazarin sirrin lokaci a cikin duwatsu masu ƙyalli. Babu makaranta irin wannan a ko'ina, amma aikin da ake jingina mata ana nan ana yin sa, a warwatse cikin ɗakunan bincike na Faransa da Jamus da Birtaniya da Amurka da Japan. Abin da suka gano cikin shekaru kusan 150 ya shafi duk wanda ke buga waya gida, ko aika kuɗi ta banki, ko bin taswirar waya a garin da bai sani ba.

Ƙanƙarar da ba ta narkewa

Farin dutsen nan mai tauri da ake ƙyasta wuta da shi a da, Bahaushe ƙanƙara yake ce masa, wato sunan da ya ba daskararren ruwa. Girkawan dauri ma haka suka yi. Kalmar kiristal daga harshensu ta fito, ma'anarta ƙanƙara, kuma marubucin Rum mai suna Pliny, wanda ya mutu a shekara ta 79, ya ɗauka cewa garau ɗin dutsen ruwa ne da tsananin sanyi ya daskarar har ba zai ƙara narkewa ba. A yau an san cewa haɗin sinadaran silikon da iskar oksijin ne, ana kiran sa kwaz, kuma yana cikin ma'adinan da suka fi yawa a doron ƙasa. Akasarin yashin da ake takawa a hamada ɓarɓashinsa ne.

A wurin masana kimiyya, kiristal shi ne duk wani abu mai tauri da ƙwayoyin zarrarsa, wato atam, suka jeru cikin tsari guda mai maimaita kansa, kamar saƙar tabarma. Gishiri kiristal ne, haka sukari, haka daimon. Gilashi kuwa, duk da ƙyallinsa, ba ya cikin wannan dangi, domin atam ɗinsa a hargitse suke. Wannan jerin tsari shi ne tushen duk abin da zai biyo baya.

Da za a ce a zaɓi shugaban farko na waccan makarantar ƙage, da wuya a tsallake Abu Raihan al-Biruni, wanda aka haifa a yankin Khwarizm a shekarar 973. Ya rubuta littafi sukutum kan yadda al'ummu daban-daban ke ƙidayar watanni da shekaru, mai suna Al-Asar al-Baƙiya, sannan a ƙarshen rayuwarsa ya rubuta Kitab al-Jamahir kan duwatsu masu daraja, ya kuma auna nauyin da yawa daga cikinsu da ƙwarewar da har yanzu ake yabawa. Ya riƙi ilmomin biyu a hannu, sai dai a zamaninsa babu wata gada tsakaninsu. Lokaci na sama ne: rana da wata da taurari. Manyan masallatan Alƙahira da Dimashƙa ma'aikata na musamman suka riƙa ɗauka don lissafin lokutan salla, kamar Ibn al-Shatir, wanda ya ƙera agogon inuwa na masallacin Umawiyyawa a wajajen 1371.

Wa da ƙane a birnin Faris

An gina gadar ne a shekarar 1880. Wasu 'yan'uwa biyu a Faris, Jacques da Pierre Curie, suka lura cewa idan aka matsa kwaz ta wata fuska, sai ɗan ƙarfin lantarki ya bayyana a jikinsa. Pierre, wanda daga baya ya auri Marie Curie, shekararsa 21 a lokacin. Shekara guda bayan haka aka tabbatar da cewa abin yana yiwuwa ta baya: idan aka sa wa dutsen lantarki, sai ya ɗan motsa, ya miƙe ko ya tsuke. Wanda ya taɓa danna maƙyastin murhun gas ya ga tartsatsi ya fito ba tare da batir ba, irin wannan ɗabi'a ya gani.

Kusan shekara 35 wannan ilmi yana kwance a littattafai. Yaƙin Duniya na Ɗaya ne ya tashe shi, lokacin da Paul Langevin na Faransa ya yi amfani da faifan kwaz wajen aika sauti cikin teku don farautar jiragen ƙarƙashin ruwa. A 1921 kuma Walter Cady na Amurka ya nuna cewa idan aka yanka kwaz da wani kauri, yana da yawan karkarwar da ya fi so, kuma ba ya yarda ya kauce mata. Makaɗin ƙwarya ya san haka a aikace: kowace ƙwarya da muryarta, gwargwadon girma da kaurinta.

Gidajen rediyo ne suka fara cin moriyar wannan. Kafin lokacin, tashoshi kan zame daga zangonsu su hau na maƙwabta. Da kwaz ya shigo, kowace tasha ta tsaya a inda aka ajiye ta. Duk wanda ya girma yana murɗa akwatin rediyo yana neman mita 16 ko 19 a gajeren zango, kuma kullum ya sami tasharsa a wuri guda, wannan dutse ne ya yi masa aiki.

Agogon da ya kama duniya da makara

Kowane agogo abu biyu ne: wani abu mai maimaita motsi, da wani mai ƙirga motsin. Tun daga 1656, lokacin da Christiaan Huygens na Holan ya ƙera agogo mai reto, abin da ke lilo a jikin agogon bango shi ne sarki. A 1927 Warren Marrison da J. W. Horton na ɗakin binciken Bell a Amurka suka haɗa agogon kwaz na farko. Girmansa ya kai na kabad, kuma ba wanda ya yi tunanin za a taɓa ɗaura irinsa a hannu.

Abin da ya biyo baya ya girgiza masana. Tun fil azal, juyawar duniya ita ce ma'auni, agogo kuwa mai koyi ne: idan suka saɓa, agogon ake gyarawa. A tsakiyar shekarun 1930 Adolf Scheibe da Udo Adelsberger, ma'aikatan hukumar awo ta Jamus a Balin, suka kwatanta agogunansu na kwaz da lokacin da ake samu daga kallon taurari. Sai suka ga wani saɓani mai zuwa yana komawa bisa yanayin shekara. Bayan dogon bincike, laifin ya faɗa kan duniya. Tsawon yini yana ƙaruwa yana raguwa da ɗan abin da bai wuce kashi ɗaya ko biyu cikin dubu na sakan ba, saboda sauyin iskoki da motsin ruwa. Almajiri ya kama malaminsa da kuskure, kuma daga ranar aka fara neman wani ma'aunin.

A Yaƙin Duniya na Biyu kwaz ya zama kayan yaƙi. Rediyon sojoji a jirage da tankoki na buƙatar miliyoyin faifansa, kuma mai kyan da za a iya yankawa daga Birazil yake fitowa. Wannan dogaro ya sa bayan yaƙin aka koyi renon kwaz a masana'anta. Ana zuba gutsattsarin dutse da ruwa mai sinadari a cikin doguwar tukunyar ƙarfe, a rufe, a dafa da zafin da ya haura digiri 300 da matsi mai tsanani. Dutsen ya narke a ƙasa, ya hau sama ya riƙa taruwa a jikin wani ɗan iri da aka rataya, har tsawon makonni ko watanni. Kusan duk kwaz ɗin da ke cikin na'urori a yau ɗan reno ne.

Me ya sa 32,768?

Adadin ba na son rai ba ne. Idan aka raba 32,768 biyu, aka sake raba abin da ya fito biyu, aka yi haka sau 15, abin da zai rage shi ne ɗaya. Raba abu biyu shi ne aiki mafi sauƙi ga na'urar lantarki, don haka da matakai 15 kacal ake samun bugu ɗaya a sakan, wanda ke tura hannun agogo gaba. Adadin ya haura abin da kunnen mutum ke ji, saboda haka agogon ba ya damun mai shi da ƙara, kuma bai yi yawan da zai zuƙe batir da wuri ba. Ana yanka dutsen da siffar ɗan cokali mai yatsu biyu. (An zaɓi kalmar sakan a nan da gangan, domin daƙiƙar da Bahaushen Kano ke nufin sakan da ita, a Larabcin Khartoum da Jidda minti ce.)

Agogon kwaz na yau da kullum yakan yi gaba ko baya da kusan sakan 15 a wata. Babban maƙiyinsa shi ne sauyin zafi. An tsara dutsen ya yi aiki daidai a wajajen digiri 25 na Salshiyas, kuma ko zafi ya haura haka ko sanyi ya sauka ƙasa, jinkiri yake yi. A digiri 45, irin na bazarar N'Djamena, agogon da aka bari a mota kan yi asarar sama da sakan guda a yini. A sanyin hunturun Chicago asarar ta fi haka. Na hannu ya fi dacewa, domin jikin mai shi yana ɗumama shi daidai gwargwado.

Darasin Suwizalan

Ranar 25 ga Disamban 1969 kamfanin Seiko ya fitar da agogon hannu na kwaz na farko a kasuwar Tokyo, mai suna Astron, a kan yen 450,000, kusan kuɗin ƙaramar mota. Suwizalan, wadda ta mamaye kasuwar agogo a duniya, ba a barci take ba: injiniyoyinta a birnin Neuchâtel sun haɗa nasu samfurin tun 1967. Amma manyan kamfanoninta sun raina abin. Alfaharinsu yana kan ƙananan ƙafafun ƙarfe da zaren wani da ƙwararru ke haɗawa da hannu, kuma ba su ga yadda za a yi mutane su bar wannan su koma ga batir ba.

Cikin shekara goma farashin agogon kwaz ya faɗi warwas, kuma mafi arha a cikinsu ya fi agogon wani mafi tsada riƙe lokaci. Ma'aikatan agogo a Suwizalan sun ragu daga kusan 90,000 a 1970 zuwa wajen 30,000 a tsakiyar shekarun 1980, kamfanoni kusan dubu suka rufe. Abin da ya ceci ragowar shi ne haɗe manyan rukunonin kamfanoni biyu bisa shawarar Nicolas Hayek, haifaffen Labanan, da kuma fitowar agogon roba mai arha na Swatch a 1983. Agogon wani bai mutu ba, ya dai koma kayan ado da nuna arziki. Talaka kuwa a karon farko ya mallaki lokaci daidai da na attajiri, kuma agogo irin Casio F-91W, da ya fito a 1989, har gobe ana sayar da shi a kasuwannin duniya.

Daga dutse zuwa atam

Kwaz yana da aibi guda da ba ya gyaruwa: hannun mutum ne ke yanka shi, don haka babu guda biyu da suka yi daidai, kuma yana tsufa. Atam kuwa ba haka yake ba. Kowane atam na sinadarin siziyam daidai yake da ɗan'uwansa, a Accra ko a Tokyo, yau ko bayan shekara dubu. A 1955 Louis Essen da Jack Parry suka haɗa agogon siziyam na farko mai aiki sosai a ɗakin binciken awo na Birtaniya da ke Teddington, kusa da Landan. A 1967 ƙasashen duniya suka amince da sabuwar ma'anar sakan: tsawon lokacin da wani nau'in igiyar haske mai motsa atam ɗin siziyam ke ɗauka ya kaɗa sau 9,192,631,770.

Wannan bai sallami kwaz daga aiki ba. A cikin akasarin agogunan atam, dutsen ne ke bugawa, atam ɗin kuma yana tsaye a kansa kamar mai duba aiki, yana mayar da shi hanya duk sanda ya kauce.

Wani abin da mutane da yawa ba su sani ba shi ne babu agogo guda da za a nuna a ce ga agogon duniya. Hukumar awo ta ƙasa da ƙasa da ke Sèvres, a gefen Faris, tana karɓar bayanai daga agogunan atam sama da 400 da ke ɗakunan bincike kusan 80, ta auna su, ta fitar da matsakaici. Sakamakon shi ne lokacin da ake kira UTC, wanda ya gaji GMT. Sau ɗaya a wata hukumar ke fitar da takardar da ke shaida wa kowace ƙasa yawan tazarar da agogonta ya yi. Ma'ana, ainihin lokacin duniya lissafi ne da ake kammalawa bayan lokacin ya riga ya wuce.

Rigimar sakan guda

Tunda agogon atam ba ya jiran duniya, sai tazara ta riƙa shiga tsakaninsa da rana. Maganin da aka ɗauka tun 1972 shi ne a riƙa cusa ƙarin sakan guda lokaci-lokaci, ta yadda minti na ƙarshe na watan Yuni ko Disamba zai zama mai sakan 61. An yi haka sau 27, na ƙarshe a daren 31 ga Disamban 2016.

Mutum ba ya jin wannan sakan, amma kwamfuta tana ji. A 2012 ya rikita wasu manyan shafukan intanet, ya kuma jawo tsaikon tantance fasinjojin jiragen sama a Ostiraliya. A Nuwamban 2022 babban taron awo na duniya ya yanke shawarar daina wannan ƙari nan da 2035, duk da cewa Rasha ta so a jinkirta, domin tsarin taurarinta na GLONASS an gina shi da ƙarin sakan a ciki.

Ana tsaka da wannan sai duniya ta zo da sabon salo: a 'yan shekarun nan sauri take ƙarawa. Idan ta ci gaba, za a iya buƙatar a cire sakan maimakon a ƙara, abin da ba a taɓa yi ba kuma injiniyoyi ke tsoro. Wani bincike da Duncan Agnew ya wallafa a mujallar Nature a 2024 ya nuna cewa narkewar ƙanƙarar Greenland da Antatika tana ɗan rage wa duniya gudu, har ta jinkirta wannan matsala da kusan shekara uku.

Ga masu tambaya ko rabuwar agogo da rana zai taɓa lokutan salla da buɗa-baki, amsar mai sauƙi ce. Waɗannan lokuta daga matsayin rana ake lissafa su, sannan a fassara su zuwa lokacin agogo, kuma tazarar da ake magana a kanta za ta ɗauki gomman shekaru kafin ta kai minti guda. Masu tsara jadawali za su iya shigar da ita cikin lissafinsu.

Inda haɗarin yake

Babban abin damuwa yana wani wurin. Taurarin GPS, da ke shawagi a nisan kilomita kusan 20,200, agoguna ne masu tashi: kowanne yana ɗauke da agogon atam, yana shelar lokacinsa ba dare ba rana. Wayar hannu, da ɗan kwaz ɗinta mai arha, tana sauraron aƙalla huɗu daga cikinsu, ta auna jinkirin isowar saƙon kowanne, daga nan ta san inda take. Saƙon yana tafiya da saurin haske, saboda haka kuskuren kashi ɗaya cikin miliyan na sakan daidai yake da kuskuren mita 300 a ƙasa. Har ka'idar Einstein sai da aka sa a lissafi, domin agogon da ke sama yana gaba da na ƙasa da kashi 38 cikin miliyan na sakan a kullum. Da an yi biris da wannan, taswira za ta riƙa kaucewa da kilomita goma a yini.

Turakun sadarwar waya da bankuna da kasuwannin hannun jari da tashoshin rarraba wutar lantarki da yawa daga wannan saƙo suke karɓar lokaci, saboda kyauta ne. Ranar 26 ga Janairun 2016, yayin da ake sallamar wani tsohon tauraro daga aiki, kuskuren kashi 13 cikin miliyan na sakan ya shiga saƙon, kuma na'urorin sadarwa a ƙasashe da dama suka yi ta ƙarar gargaɗi na sa'o'i, wasu tashoshin rediyon dijital a Birtaniya suka sami tangarɗa. Wani nazari da aka yi wa gwamnatin Birtaniya a 2017 ya ƙiyasta cewa ɗaukewar saƙon na kwana biyar zai jawo wa ƙasar asarar sama da fam biliyan biyar. Saƙon ba shi da ƙarfi idan ya iso ƙasa, toshe shi ba wuya, kuma matuƙa jirage a Gabas ta Tsakiya da yankin tekun Baltik sun sha kai ƙarar haka a 'yan shekarun nan. Idan ya ɗauke, abin da ke riƙe na'ura har ya dawo shi ne agogon da ke cikinta, wanda sau da yawa kwaz ne. Ƙasar da ba ta da nata agogon atam na ajiya, aron lokaci take yi.

Akwai kuma wani dogaron na daban. Ƙwaƙwalwar kowace waya da kwamfuta a kan kiristal ɗin silikon ake gina ta, kuma silikon sai ya kai zafin digiri 1,414 yake narkewa. Tukunyar da ke jure wannan ba tare da ta gurɓata shi ba da tataccen kwaz ake yin ta, kuma kaso mai yawa na irin wannan kwaz daga wani ƙaramin gari yake fitowa, Spruce Pine a jihar North Carolina, mai mutane kusan dubu biyu. Da guguwar Helene ta afka wa yankin a ƙarshen Satumban 2024, aka dakatar da haƙa, hankalin masana'antun duniya ya tashi har sai da aka koma aiki.

Duwatsu masu riƙe tarihi

Kiristal yana auna lokaci ta wata hanyar kuma, wadda ba ta buƙatar batir. Dutsen zarkon, yayin da yake ƙulluwa, yana karɓar sinadarin yuraniyam amma ba ya karɓar darma. Yuraniyam kuwa a hankali yake rikiɗa ya zama darma, da saurin da aka sani: rabin nau'insa mafi yawa yana juyewa cikin shekara biliyan 4.47. Don haka duk darmar da aka samu a cikin zarkon bayan haihuwarsa ta taru, kuma yawanta shi ne shekarunsa. Ta haka aka gano cewa wasu ƙwayoyin zarkon daga tsaunukan Jack Hills na yammacin Ostiraliya sun kai shekara biliyan 4.4, kuma ba a san wani abu da ya samu a doron ƙasa da ya girme su ba.

Yashi ma yana da nasa kundin. Ƙwayar kwaz da aka binne tana tara wani ƙarfi daga ƙasar da ke kewaye da ita, hasken rana kuma yana goge shi. Idan aka haƙo ta cikin duhu aka haska ta a ɗakin bincike, ɗan hasken da za ta fitar yana nuna yaushe rabonta da ganin rana. Da wannan dabara, tare da wasu, masu bincike daga Birtaniya suka auna tsoffin gaɓoɓin Tafkin Chadi, suka bayyana a 2015 cewa shekara kusan 6,000 da suka wuce faɗinsa ya kai murabba'in kilomita 360,000. A Jebel Irhoud na Maroko kuwa, ƙonannun duwatsun ƙanƙara da mutanen dauri suka sassaƙa ne suka nuna a 2017 cewa ƙasusuwan da ke tare da su sun kai shekara 300,000.

Kiristal na lokaci

A 2012 Frank Wilczek, wanda ya ci kyautar Nobel a 2004, ya yi wata tambaya. Kiristal yana maimaita tsarinsa a cikin sarari. Shin za a iya samun abin da ke maimaita tsarinsa a cikin lokaci, da kansa? Wasu masana suka tabbatar da lissafi cewa siffar da ya fara kawowa ba za ta yiwu ba. Amma wata siffar ta yiwu. Idan aka riƙa bugun wasu atam da hasken leza a kai a kai, sukan ɗauki wani kiɗa nasu, misali su koma yadda suke sau ɗaya a kowane bugu biyu, kuma su riƙe wannan kiɗa ko da bugun ya ɗan karkace. Kamar a ce makaɗi yana buga ganga, 'yan rawa kuma suka kafe a kan taka ɗaya duk bugu biyu, ko ya yi kuskure ba sa bin sa.

A Maris na 2017 aka wallafa gwaje-gwaje biyu da suka nuna alamun haka: na Jami'ar Maryland da atam goma na sinadarin itabiyam, da na Jami'ar Harvard a cikin daimon. A 2021 aka sake yi a kan na'urar Sycamore ta Google, sannan a 2024 masana a Dortmund ta Jamus suka samar da wanda ya riƙe kiɗansa na aƙalla minti 40. Sunan yana ruɗin mutane, don haka ya kamata a faɗa ƙarara: abin ba ya mayar da kowa jiya, ba ya kuma ba da wuta kyauta. Haka nan babu wata hujjar kimiyya da ke goyon bayan masu sayar da duwatsu a intanet da sunan suna warkar da cuta. Ko kiristal na lokaci zai yi amfani a na'urorin awo, tambaya ce da ake kan bincikenta.

Wanda ya fi kusa da zama agogo shi ne wani kiristal na daban. Masana a Vienna ta Ostiriya sun reni ɗan ƙaramin kiristal na kalsiyam fulorayid da aka cusa wa sinadarin toriyam-229. A 2024, tare da takwarorinsu na hukumar awo ta Jamus, suka yi nasarar motsa cibiyar atam ɗin toriyam da hasken leza a karon farko, sannan a Satumban shekarar ɗakin binciken JILA da ke Colorado ya auna yawan kaɗawar hasken da ake buƙata da ƙwarewa mai zurfi. Cibiyar atam a ɓoye take can ciki, hayaniyar waje ba ta cika damun ta ba, shi ya sa ake fatan agogon da za a gina a kanta zai yi juriya fiye da na yanzu. Kafin a kai can, akwai agogunan atam masu aiki da haske da tuni suka zarce na siziyam nesa ba kusa ba, kuma hukumar da ke Sèvres na shirin sake fassara ma'anar sakan a kansu a wajajen shekarar 2030.